Wai Komai Girgiza Ne? To, Sau Nawa?

Wata Lahadi, ana gab da fara yankan gero, na raka Gwaggo kasuwar Dambatta za ta sayar da ɗan akuyarta. Ciwon kai da jiri sun matsa mata tun tsakiyar damina, ta ce kuɗin na magani ne. Na tsaya wajen masu buhuna ina ciniki, ko da na waiga babu ita. Can na same ta bayan 'yan tumaki, ƙarƙashin wata babbar lema, zaune a kan benci, an damƙa mata wani ɗan ƙarfe mai tsawon ɗan yatsa biyu, an ce ta riƙe kada ta yi motsi. Waya ta fito daga ƙarfen ta shiga wani akwati, daga akwatin ta shiga kwamfuta. Layuka kore da ja suna ta rawa a fuskar kwamfutar. Wani saurayi cikin farar riga irin ta likitoci yana karanto mata: hanta ta yi rauni, ƙoda ta fara gajiya, jini ya yi kauri.

Yana ɗago kai sai ya miƙe, ya zagayo ya durƙusa. "Malam, barka da kasuwa." Ɗalibina ne. Shekara uku yana zama a layin gaba a ajina.

Na ce, "Ɗana, wannan fa?"

Ya ce, "Malam, ai ku kuka koyar da mu. Komai na duniya girgiza ne. Hanta tana da mitarta, ƙoda tana da tata, kamar tashoshin rediyo. Cuta ba komai ba ce illa mita ta kauce daga tasha. Wannan na'ura saurare take yi, wannan dutse kuma shi ke mayar da ita daidai." Ya ɗago wani baƙin abu mai faɗin kwabo, an zura masa zare. Kuɗinsa ya kusa cinye rabin kuɗin akuyar.

Shekara 32 na yi ina koyar da fiziks a makarantun sakandare kafin na ajiye alli na koma gonar da muka gada. Tun daga ranar nan maganar yaron take cina, kuma ba don ƙarya ce tsagwaronta ba. Da ƙarya ce zalla da na yi dariya na ja Gwaggo mun tafi. Abin da ya hana ni barci shi ne akwai ƙanshin gaskiya a cikinta, kuma a bakina ya fara jin ƙanshin.

Mu mutanen wannan yanki, inda gona ke manne da gona tun daga Minjibir har Kunchi, ba a bar ko taku ɗaya ba sai an shuka, da kunne muke rayuwa fiye da yadda muka sani. Mace ba ta sayen tukunya sai ta ƙwanƙwasa ta da bayan yatsa. In ta ce "kyan" ta ɗauka, in ta ce "kwaf" ta ajiye, ko da idonta bai ga tsagar ba. Mai kankana haka yake yi. Mai injin niƙa na ƙauyenmu yana cikin masallaci zai ji ƙarar injinsa ta sauya, ya san bel ya saki ko yaronsa ya cika wa injin ciki. Mahaƙin rijiya yana jin amsar da ƙasa ke ba dagi ya gaya maka ya kusa dutse. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, yakan bugi cikin rumbu da tafin hannu ya faɗi inda hatsi ya tsaya, mu hau mu leƙa mu tarar haka ne. Da rani kuwa, in ka tsaya a gefen gari ka hango mata suna sussuka a can nesa, za ka ga taɓarya ta sauka kafin ƙararta ta iso ka. Duk yaron ƙauye ya san wannan. Abin da bai sani ba shi ne sauti yana tafiyar kimanin mita 340 ne a daƙiƙa, haske kuwa kilomita 300,000, shi ya sa ido ke riga kunne.

Ga kuma kalangu. Makaɗi ya matse shi a hammata, tsirkiyoyi su ja fata ta ɗaure, murya ta hau. Ya sassauta, murya ta sauka. Da wannan hawa da sauka yake kiran sunan mahauci daga ƙarshen kasuwa, mahaucin ya ji ya amsa. Wanda ya tashi yana jin fatar akuya tana magana, in ka ce masa duniya duka kaɗawa ce, ba zai yi maka gardama ba. Kunnensa a shirye yake.

Tunanin ma ba sabo ba ne. An ce Fisagoras na Girka, ƙarni shida kafin haihuwar Annabi Isa, shi ya lura cewa in ka danne tsirkiya a daidai rabinta, muryar da za ta bayar ita ce ta farko amma a sama, daga nan mabiyansa suka ce ai taurari ma kiɗa suke yi. Ikhwanus Safa na Basra, a ƙarni na 10, sun ɗauki wannan ra'ayi sun faɗaɗa shi a cikin risalolinsu. Duk wanda ya daɗe yana kallon tsirkiyar garaya tana rawa, sai zuciya ta raya masa cewa ya kama bakin zaren halitta. Ni ma ta raya mini, ina saurayi.

To amma ga inda ni da ɗalibina muka raba hanya. A fiziks, ba a cewa abu yana girgiza a yi shiru. Tambaya ta gaba tana nan tsaye kamar mai bin bashi: sau nawa a daƙiƙa? Kunnen mutum yana jin abin da ke kaɗawa daga sau 20 zuwa kimanin sau 20,000. Wutar lantarkin Najeriya, ranar da aka ga dama aka kawo, tana kai da komowa sau 50. Ƙaramin janareta dole ya juya sau 3,000 a minti kafin ya ba da wannan 50 ɗin, shi ya sa in mai ya kusa ƙarewa za ka ji ƙararsa ta faɗi, ƙwan fitila ya hau lumshe ido. In mai gabatarwa ya ce kuna sauraron Freedom Radio a kan mita 99.5, nufinsa igiyar da ke ɗauke da muryarsa tana kaɗawa sau miliyan 99 da rabi a kowace daƙiƙa. Murɗa kaɗan ka kauce, sai shuuu. Agogon hannu mai batir yana da ɗan ƙanƙanin dutse a ciki da ke kaɗawa sau 32,768. Ita kanta daƙiƙar, tun 1967 aka daina auna ta da motsin duniya, aka koma ƙirga kaɗawar hasken da ke fita daga ƙwayar zarrar siziyom: sau 9,192,631,770, ba ƙari ba ragi.

Amfanin lamba shi ne tana iya kunyata mai ita. In na ce 50 ne, kai ka kawo ma'auni ka samu 43, an gama da ni. Na tambayi yaron nan, mitar hanta nawa ce? Ya ce tana cikin na'ura. Na ce ta ƙoda fa? Ya ce Turawa ne suka saka. Na ce in hantar Gwaggo ta kauce daga tasha, da nawa ta kauce, sama ta yi ko ƙasa? Ya yi murmushi ya ce, "Malam ke nan."

Gaskiya ne ƙwayoyin zarra ba sa zama lafiya. A cikin ƙarfen fartanya suna ta karkarwa a inda suke, kuma abin da muke kira zafi, yawan karkarwar ne. Gaskiya ne a 1900 Max Planck ya ɗaure ƙarfin haske da yawan kaɗawarsa, a 1924 kuma Louis de Broglie ya ce ita ma ƙwayar lantarki tana da ɗabi'ar igiyar ruwa, aka gwada bayan shekara uku aka tarar haka ne. Duk wannan na koyar. Amma daga nan a tsallaka a ce saboda haka dutsen wuya zai gyara ƙoda, daidai yake da a ce tunda gero da dawa da ƙuduji duk daga ƙasa suka fito, to a auna maka ƙuduji a farashin gero. Manomi bai taɓa cin "komai daga ƙasa yake" ba. Abin da ke ciyar da shi shi ne sanin bambancin jigawa da fadama, da sanin gonar da ta sha taki da wadda ta gaji.

Kada a ɗauka ina gaba da mafarki. Akwai wani labari da nake so ƙwarai, na wani babban malami da ya gina duniya sukutum a kan girgiza, ta kuma rushe masa. William Thomson, wanda aka fi sani da Lord Kelvin, farfesa ne a Glasgow, mutumin da ma'aunin zafi na masana kimiyya ke ɗauke da sunansa har yau. A 1867 ya ziyarci abokinsa Peter Tait a Edinbara, ya tarar yana wasa da wani akwati mai rami a gaba, an ɗaure masa ƙyalle a baya, an cika shi da hayaƙi. In aka bugi ƙyallen sai hayaƙi ya fito a naɗe kamar gammo, ya ratsa ɗaki bai watse ba. In gammo biyu suka yi karo sai su ja da baya suna karkarwa kamar roba. In ka kawo wuƙa za ka yanka, ya kauce.

Kelvin ya ce ya gano. A zamanin an yarda cewa sararin duniya cike yake da wani siririn abu da ba a gani, wai shi "ita" (ether), wanda haske ke bi ta cikinsa. Sai ya ce ƙwayoyin zarra ba komai ba ne illa irin wannan gammo a cikin ita, kowane sinadari da irin ƙullinsa: wannan zarge ɗaya, wancan zarge biyu, wani an sarƙe shi da ɗan'uwansa. Launin hasken da kowane sinadari ke bayarwa in an ƙona shi, shi ne karkarwar ƙullin nasa. Kai, tunani ne mai kyau! Duniya duka daga abu ɗaya da motsi ɗaya. Tait ya zauna shekaru yana zana kowane irin ƙulli da igiya za ta iya yi, yana jera su, da fatan jerin zai dace da jerin sinadarai.

Bai dace ba. Lissafin ya ƙi ba da lambobin da ake gani a ɗakin gwaji. A 1887 Michelson da Morley suka nemi alamar ita ɗin a Cleveland ta Amurka da ma'auni mai tsananin kaifi, ba su samu ba. J. J. Thomson, wanda ya ci kyauta yana saurayi da rubutu a kan waɗannan gammaye, shi ne a 1897 ya gano ƙwayar lantarki, aka ga ashe zarra tana da 'ya'yan ciki, ba hayaƙi ba ce. Kelvin ya haƙura. Abin da ya rage shi ne jerin ƙulle-ƙullen Tait, wanda ya zama reshe guda na ilimin lissafi, yau har masu nazarin ƙwayoyin gado suna amfani da shi wajen fahimtar yadda zaren ke naɗewa. Abin lura a wurina shi ne, a duk shekarun da Kelvin ya yi yana son ra'ayinsa, bai taɓa zuba hayaƙi a kwalba ya kai kasuwa ya ce maganin ƙoda ne ba. Ya faɗi abin da ra'ayin ya kamata ya haifar, ya bar ƙofa a buɗe a zo a ƙaryata shi, aka zo aka ƙaryata.

Yau ma akwai magadansa. Tun wajen 1970 wasu masana suke cewa can ƙarƙashin komai wasu tsirkiyoyi ne ƙanana fiye da tunani, kowace irin kaɗawa ta ba da irin tata ƙwayar. Masu bidiyon WhatsApp suna son ambaton wannan. Abin da ba sa faɗa shi ne sama da shekara 50 ke nan ba a samu gwaji ɗaya da ya tabbatar da shi ba, har a babbar na'urar nan ta kusa da Janeba mai zagayen kilomita 27, kuma masu ra'ayin da kansu suke faɗin haka. Abin da na'urar kilomita 27 ba ta gani ba, wai shi ne akwatin da ke ƙarƙashin lema ya ji a tafin hannun Gwaggo cikin minti ɗaya.

Na ce wa ɗalibin nawa ya ba ni aron ƙarfen. Na ciro hankici, na jiƙa da ruwan leda, na naɗe ƙarfen na ajiye a kan benci. Na ce ya rubuta namiji, shekara 60. Ya yi jim, amma kunyar malami ta hana shi ƙi. Layuka suka yi rawarsu. Sakamako ya fito: hankicina yana da ciwon mafitsara, ƙashinsa kuma ya fara lalacewa. Na ce ya mayar mace, shekara 25. Hankici ya warke daga mafitsara, ya kamu da matsalar mahaifa. Wani mai sayar da igiya da ke kallo ya tuntsire da dariya har da riƙe ciki. Yaron bai yi dariya ba. Na ga fuskarsa, na kuma gane shi ma bai taɓa gwadawa ba. Kuɗi ya ranta ya sayi kayan, aka yi musu bita ta kwana biyu a wani otal a birni, aka ba shi farar riga. Shi ma saye ya yi kafin ya sayar.

Wani zai ce to mene ne, wasa ne, ba a kashe kowa ba. An kashe. Wani Bature ɗan Ingila, James McCormick, ya yi shekaru yana sayar da wata na'ura mai suna ADE 651, ɗan hannu ne na roba da eriya mai lilo. Ya ce in aka saka mata kati, tana jin mitar bam ko ƙwaya ko hauren giwa daga nesa. Iraƙi ta sayi dubbai, ta raba wa shingayen bincike na Bagadaza. Kenya ta saya, maƙwabciyarmu Nijar ma ta saya. Da aka buɗe, babu komai a ciki. Asalinta abin wasa ne na neman ƙwallon golf da ake sayarwa kimanin dala 20 a Amurka, shi kuwa yana sayar da guda har dala dubu 40. Kotu a Landan ta ɗaure shi shekara 10 a 2013. Duk da haka sojoji suka ci gaba da karkaɗa ta a gefen motoci har Yulin 2016, lokacin da mota maƙare da bam ta tashi a unguwar Karrada ta kashe mutum sama da 300, sannan gwamnati ta ce a janye ta. Kalmar da McCormick ya yi ciniki da ita, ita ce dai wadda na ji a ƙarƙashin lema.

Akwai wani ɓangaren da ya fi mini ciwo, domin da rigar addini yake shigowa. Kusan kowa mai babbar waya ya ga bidiyon Masaru Emoto, ɗan Japan ɗin nan da ya ce in ka yi wa ruwa kyakkyawar magana ka daskarar da shi, ƙanƙararsa za ta fito da zane mai kyau, in ka zage shi ta fito a hargitse, wai don kalma girgiza ce. Na ji an kawo shi a wa'azi a matsayin hujjar tofi da ta zamzam. Mutumin nan, wanda ya rasu a 2014, ba kimiyya ya karanta a jami'a ba, kuma a cikin ɗimbin hotunan da ake ɗauka, wanda ya dace da labari ake zaɓa a buga. Tun a shekarun 1930 wani ɗan ƙasarsu, Ukichiro Nakaya, ya nuna a ɗakin gwaji cewa sanyi da laimar iska su ke yanke siffar ƙanƙara, ya kuma zana taswirar da kowa zai iya bi ya samu abin da ya samu. Ni Musulmi ne, ina addu'a, ina yi wa jikokina tofi. Na yi imani halittu suna tasbihi ta hanyar da ba mu fahimta. Ba a ce mana mu nemo shi da ma'aunin rediyo ba. Wanda ya jingina imaninsa da hoton ƙanƙara, ranar da aka nuna masa hoton zaɓe ne, me zai ce wa yaron da ya ji hujjar daga bakinsa? Addinin bai nemi wannan tallafi ba.

In ana son ganin girgiza ta gaske tana yi wa talaka aiki, ba sai an je nesa ba, a leƙa ɗakin ajiyar wake. Kowa a nan ya san yadda ƙwaro ke mayar da buhun wake gari kafin bazara. Masu bincike a Jami'ar Purdue ta Amurka sun ƙera wata na'ura da ke jin ƙarar tsutsar ƙwaron tana ci a cikin ƙwayar wake, ƙarar da ta fi ƙarfin kunnen mutum. Da ita suke ƙirga cizo, su san lokacin da tsutsa ke ci da lokacin da ta daina. Irin wannan aiki, tare da abokan aikinsu a Marwa ta Kamaru, shi ya kai ga buhun nan mai leda biyu a ciki da ake kira PICS, wanda aka fara yaɗawa a ƙasashenmu daga 2007. In ka ɗaure shi da kyau iska ta ƙare, cin ya tsaya, ba tare da ka zuba guba ba. Ba wanda ya ce ka yarda da shi don Bature ne. A ƙauye ake ɗaure buhu a gaban jama'a, a dawo bayan watanni a kwance a gaban jama'a, kowa ya zura hannu. Waken da na kai Dawanau bara daga irin buhun ya fito. Haka hoton ciki da ake yi wa mata masu juna biyu: sauti ne mai kaɗawa sau miliyoyi, yana shiga ya dawo. In ya ce tagwaye ne, ranar suna raguna biyu za a nema.

Ba na ganin laifin Gwaggo, kuma duk wanda ya yi mata dariya bai san ƙauye ba. Zuwa asibiti a wurinta kuɗin babur ne, da yini guda a layi, da likitan da zai yi mata minti uku bai ɗago kai ba don mutum hamsin na jiransa a waje. Yaron nan kuwa ya ba ta benci, ya kira ta Hajiya, ya saurare ta har ta gama, ya nuna mata cikinta da launi. Ya ba ta bayani guda ɗaya da ya haɗe jirin da ciwon kan da kasalar. Mutum yana son a ce masa ga dalili. Wanda duk ke son ya raba mutanenmu da masu lema, sai ya fara da ba su abin da masu lema ke ba su kyauta kafin su karɓi kuɗi.

Laifin da na fi gani nawa ne. Shekara 32 ina zana igiyar ruwa a allo, tudu da kwari, tudu da kwari, ina sa yara su haddace cewa gudu daidai yake da mita sau tsawon zango, don su ci WAEC da NECO. Cikin Turanci nake faɗa, su rubuta cikin Turanci, su manta cikin Hausa. Kwanon gwajin igiyar ruwa da ke cikin littafi ba mu taɓa mallakarsa ba, na yi ta ƙorafi a kan haka. Alhali ga kududdufi a bayan makaranta, ga tsakuwa. Ga makaɗin mahauta a bakin kasuwa, ban taɓa tunanin in gayyato shi aji ba, don a ganina a lokacin kalangu ba kayan boko ba ne. Na ba yara kalmomi ban ba su al'adar tambaya ba. Kalmomin suka zauna a kansu kamar iri a cikin tulu, har wani ɗan kasuwa ya zo ya shuka su a gonarsa. Yaron bai yi mini ƙarya ba da ya ce mu muka koyar da su.

Hukumar NAFDAC ce doka ta ɗora wa kula da na'urorin lafiya, ba magunguna kaɗai ba, kuma jiƙaƙƙen hankici bai fi ƙarfin kasafin kuɗinta ba. Gidajen rediyonmu da ke sayar wa irin waɗannan mutane rabin sa'a su yi ta zuba, injiniyoyinsu sun fi kowa sanin mece ce mita, ko tambaya ɗaya a yi musu kafin a karɓi kuɗin talla. Shi kuma dutsen wuya, ba kowanne ne banza marar cutarwa ba. A Disamban 2021 hukumar kula da nukiliya ta Holan ta gargaɗi jama'a a kan kayayyaki goma irin waɗannan, sarƙoƙi da abin hannu da ake cewa suna kare jiki, bayan ta auna ta tarar suna fitar da tururin da ke iya lahani in an daɗe ana sawa. Wato wanda ma yake fitar da wani abu a cikinsu, ba abin alheri yake fitarwa ba.

Gwaggo dai ba ta sayi dutsen ba, ko da yake ta yi mini fushi har muka iso gida, ta ce na kunyata yaron mutane a kasuwa. Washegari na kai ta aka ɗaura mata abin awon jini a dantse. Ya hau sosai. Na'urar da ta ga hanta da ƙoda da kaurin jini ba ta ga wannan ba. Yanzu tana shan ƙwaya ɗaya kowace safiya, ta rage gishiri da dunƙulen miya, tana kuma gaya wa duk wanda ya zo gaishe ta cewa ni na hana ta warkewa da wuri.

Bayan an gama ɗaurin dawa na roƙi shugaban makarantar da ke kusa da mu ya ba ni darasi ɗaya. Na zo da makaɗin mahauta, da faranti, da garin gero cikin leda. Na aika wa ɗalibin nawa, ban zaci zai zo ba, sai ga shi ya tsaya a bakin taga ba farar riga. Muka kafa farantin a kan gwangwani, muka barbaɗa gari, na goga bakinsa da bakan goge kamar yadda Ernst Chladni ya yi da yashi a Jamus a 1787. Sau huɗu yana ƙi. A na biyar farantin ya yi ƙara, garin ya gudu daga inda ke rawa ya taru a inda ke tsaye, layuka suka fito kamar zanen ƙwarya. Ajin ya kaure. Sannan wani malami ya buɗe manhajar auna sauti a wayarsa, makaɗi ya buga, lamba ta fito. Ya matse hammata, lamba ta hau. Ya saki, ta sauka. Yara suka hau yi masa ihu ya ƙara matsewa su ga iyakarta.

Wata yarinya a layin baya ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, a auna dutsen can na wuyan Yaya." Ya ciro ya miƙo ta taga. Muka kara shi da waya, ba abin da ya motsa. Ya ce, a hankali, wataƙila tasa mitar ta fi ƙarfin waya. Na ce yana yiwuwa, waya ba ta jin komai da komai, sai ya nemo mana abin da ke jin ta, da lambar da za mu sa ran gani, ni zan biya kuɗin mota. Ya ce zai tambayi ogansa.

Makaɗin, wanda tun ɗazu yake kallonmu, ya karɓi dutsen ya juya shi, ya ƙwanƙwasa da makaɗinsa, ya kara a kunne. Ya miƙa wa mai shi, ya gyara zaman kalangu a kafaɗa, ya ce, "Malam, ni a sallame ni, an kusa fiɗa."